Kaye 27 a Darasi Ɗaya: Nazarin Mutuwar Yaro Ɗan Shekara Bakwai a Ajin Judo na Taichung

A ranar 21 ga Afrilun 2021 wani yaro ɗan shekara bakwai ya shiga ajin koyon judo, wasan kokawa na ƙasar Japan, a gundumar Fengyuan ta birnin Taichung, a tsibirin Taiwan, yana tafiya da ƙafafunsa, aka fitar da shi a sume. Kimanin makonni biyu ke nan da ya fara zuwa ajin. Likitocin da suka karɓe shi sun tarar jini ya zuba a cikin kansa, aka yi masa tiyata, ya shiga doguwar suma wadda bai farfaɗo daga ita ba har ranar 29 ga Yuni, bayan kusan kwana 70, lokacin da jikinsa ya fara gazawa, iyayensa suka amince a cire na'urorin da ke riƙe da numfashinsa.

Abin da ya sa wannan lamari ya cancanci a zauna a nazarce shi a tsanake shi ne babu komai a cikinsa da ya faru a ɓoye ko cikin ƙiftawar ido. Da a ce yaron ya zame ne sau ɗaya ya bugi ƙasa da ƙeya, da sai a ce tsautsayi ne, wanda ba ya wuce ranarsa. Amma an ɗauki lokaci ana yin abin, a gaban babban mutum daga cikin danginsa, a gaban sauran ɗalibai, da umarnin mutumin da aka damƙa wa amanar koyar da shi, kuma an ɗauki hoton bidiyonsa. Yaron da kansa ya faɗi da bakinsa inda ke yi masa ciwo, jikinsa kuma ya nuna alamun da kowane likita zai ce a garzaya asibiti. Duk da haka darasi ya ci gaba.

Abin da ya faru a ɗakin atisaye

Kawun yaron ne ya raka shi ajin a wannan rana, kuma shi ne ya ɗauki bidiyon da wayarsa. Bisa bayanin da dangin suka yi wa manema labarai, ya ɗauka ne domin ya nuna wa mahaifiyar yaron cewa wataƙila wannan wasa bai dace da ɗanta ba. A cikin bidiyon ana ganin wani ɗalibi da ya girme shi yana ɗaga shi yana maka shi a kan katifar atisaye, yaron yana ihu yana cewa ƙafarsa na ciwo, kansa na ciwo, yana cewa ba ya so, malamin kuma yana umartarsa da ya miƙe, yana umartar babban yaron da ya ci gaba. Da ƙarfin yaron ya ƙare har ya kasa tashi da kansa, sai malamin, wanda shekarunsa sun haura 60, ya riƙa ɗaga shi yana kayar da shi da hannunsa. A tsakiyar wannan hali yaron ya yi amai, ba a tsaya ba. Adadin kayen da aka ruwaito, na ɗalibai da na malamin a haɗe, ya kai 27. Da ya sume, malamin ya gaya wa kawun cewa suman ƙarya ne.

Daga baya ta bayyana cewa mutumin ba shi da lasisin horar da judo.

Idan aka bi abin daki-daki za a ga cewa an samu damar tsayawa aƙalla sau huɗu, kuma kowace dama ta fi ta bayanta sauƙi. Ta farko ita ce tun kafin a taɓa yaron: wanda bai wuce makonni biyu a aji ba bai kai matsayin da za a ɗaga shi sama a sake shi ba, ko da sau ɗaya ne. Ta biyu ita ce lokacin da ya ce kansa na ciwo. Ta uku lokacin da ya kasa miƙewa, ta huɗu lokacin da ya yi amai. A kowane ɗaya daga cikin waɗannan matakai malamin ya karanta abin da ya gani da fassara guda: raki ne, ragwanci ne, yaro ne ke neman hanyar zillewa. Matsalar wannan fassara ita ce ba ta da ƙofar fita, domin duk alamar da jiki zai nuna tana iya shiga ƙarƙashinta. Kuka raki ne, kasa tashi taurin kai ne, amai kuwa sai a ɗora wa abin da yaro ya ci kafin ya zo, har suma ma ta zama lambo. Mutumin da ya riga ya yanke wa yaro wannan hukunci babu wata shaida da za ta sauya masa ra'ayi sai wadda ta zo bayan lokaci ya ƙure.

Abin da ke faruwa a cikin ƙoƙon kai

Mutane da yawa, har da masu horarwa na ƙwarai, suna ɗauka cewa muddin katifa tana da taushi kuma ba a ga jini ko ƙulu a kai ba, to babu abin tsoro. Wannan fahimta ce ta sa ake raina irin raunin da ya fi kashe yara a judo. Ƙwaƙwalwa ba a manne take da ƙashi ba. Tana zaune ne cikin ruwa a cikin ƙoƙon kai, kuma akwai wasu siraran jijiyoyin jini da suka tashi daga samanta suka ratsa zuwa kakkauran tantanin da ke shimfiɗe a jikin ƙashin. Idan aka juya kai da ƙarfi, aka kuma tsayar da shi kwatsam, ƙashin yakan tsaya alhali ƙwaƙwalwar tana ci gaba da tafiya na ɗan wani lokaci, sai waɗannan jijiyoyi su miƙe fiye da ƙarfinsu su tsinke. Jini ya fara taruwa tsakanin tantanin da ƙwaƙwalwa, kuma da yake ƙashin kai ba ya buɗewa ya ba da wuri, duk abin da ya taru ƙwaƙwalwa yake dannewa. Katifa tana rage zafin bugu, amma ba ta hana wannan juyawar, shi ya sa irin wannan zubar jini kan faru a kan shimfiɗa mai kyau, wani lokaci ma ba tare da kan ya bugi ƙasa da wani ƙarfi na a zo a gani ba.

Ƙaramin yaro ya fi babba shiga wannan haɗari saboda yanayin halittarsa. Kansa yana da girma da nauyi idan aka gwada da sauran jikinsa, tsokar wuyansa kuma ba ta yi ƙwarin da za ta riƙe kan ba idan aka fizge shi. Ga shi kuma gajiya tana ƙara ɓata lamarin: yaron da ya iya riƙe haɓarsa a ƙirji a kaye na biyu ko na uku, a na goma sha biyar wuyansa ya riga ya saki, kai yana lilo yadda ya ga dama. Saboda haka maimaita kaye ga yaron da ya gaji ba ya koya masa komai game da faɗuwa, sai dai ya ƙara yawan lokutan da zai faɗi ba daidai ba.

Akwai kuma abin da likitocin wasanni suka daɗe suna gargaɗi a kai, wato bugu na biyu da ke zuwa kafin ƙwaƙwalwa ta warke daga na farko. Ba kasafai yake faruwa ba, amma idan ya faru ƙwaƙwalwa kan kumbura cikin gaggawa, kuma yawancin waɗanda aka sani ya shafa yara ne da matasa. Irin wannan ne ya kashe Rowan Stringer, ɗaliba 'yar shekara 17 mai buga rugby a birnin Ottawa na ƙasar Kanada, a watan Mayun 2013, bayan ta samu bugu a kai fiye da sau ɗaya cikin kwanaki kaɗan. A 2018 lardin Ontario ya kafa doka mai ɗauke da sunanta, wadda ta wajabta wa ƙungiyoyin wasanni su kasance da ƙa'idar fitar da duk ɗan wasan da ake zargin ya samu girgizar ƙwaƙwalwa, wato raunin da bugun kai ko fizgarsa ke yi wa ƙwaƙwalwa, da ƙa'idar da za a bi kafin ya dawo.

Abin lura a wannan doka da makamantanta shi ne kalmar zargi. Ba a ɗora wa mai horarwa nauyin tabbatar da cewa yaro ya ji rauni a ƙwaƙwalwa ba, domin wannan ba aikinsa ba ne kuma ba shi da kayan aikinsa. Abin da aka ɗora masa shi ne ya dakatar da yaron da zarar shakka ta shigo. Ƙwararrun da suka yi taron duniya kan girgizar ƙwaƙwalwa a wasanni a birnin Amstadam a 2022 sun fitar da takardar gane alamu wadda aka tsara musamman domin waɗanda ba likitoci ba, kuma a cikin alamun da ta ce suna buƙatar kiran motar asibiti nan take akwai suma, da jijjiga, da amai da ke maimaituwa, da ciwon kai mai tsanani ko mai ƙaruwa, da ruɗewa, da ciwon wuya, da ganin abu biyu-biyu, da mutuwar hannu ko ƙafa. Yawancin waɗanda suka samu girgizar ƙwaƙwalwa ba sa suma ko kaɗan, don haka mai jiran sai yaro ya sume kafin ya yarda akwai matsala, ihu bayan hari yake shirin yi. Yaron Taichung ya yi kukan kai, ya kasa tsayuwa, ya yi amai. Ko ɗaya daga cikin ukun ya isa a rufe darasi a gare shi a wannan rana.

Dawowa ma tana da tsari. Ana ba da hutu na kwana ɗaya zuwa biyu, sannan a fara motsa jiki mara nauyi, a riƙa ƙarawa mataki bayan mataki, kowane mataki ya ɗauki aƙalla awa 24, kuma ba a barin yaro ya koma atisayen da za a iya buga kansa sai likita ya duba shi ya amince. Ƙa'idojin da gwamnatin Birtaniya ta fitar a 2023 domin ƙananan ƙungiyoyin wasanni sun ce kada a koma gasa kafin kwana 21.

Faɗuwa kafin kayarwa

Wanda bai san judo ba zai iya ɗauka cewa abin da ya faru a Taichung shi ne wasan, an dai wuce gona da iri ne kawai. Masu wasan sun san ba haka ba ne. Tun daga lokacin da Jigoro Kano ya kafa makarantar Kodokan a Tokyo a 1882, darasin farko da ake koya wa sabon shiga shi ne ukemi, wato iya faɗuwa. Ana fara shi ne a kwance: yaro ya kwanta rigingine, ya ɗaga kai ya manna haɓa a ƙirji yana kallon ƙullin ɗamararsa, ya riƙa dukan katifa da tafin hannu da dukan damtse a lokaci guda domin hannun ya shanye ƙarfin bugun. Idan wannan ya zauna sai a koma yi daga zaune, sannan daga tsugune, sannan daga tsaye, ta baya da ta gefe da kuma mirginawa ta gaba. Bayan haka ne ake haɗa shi da abokin atisaye mai kusan tsayinsa da nauyinsa, a fara da kaye daga durƙushe, a hankali, wanda ya kayar kuma ba ya sakin hannun rigar abokinsa. Yana riƙe da shi yana ɗan jan shi sama domin kafaɗa da gefen jiki su riga kai isa ƙasa. Wannan riƙon hannun riga ƙaramin abu ne a ido, amma a cikinsa ake gane ajin da aka koya wa yara cewa lafiyar wanda ka kayar tana wuyanka. Ɗaya daga cikin ginshiƙai biyu da Kano ya ɗora wasan a kansu shi ne amfanin juna da ci gaban juna, kuma a aikace ma'anarsa ke nan.

Duk wannan yana ɗaukar watanni, ba makonni biyu ba. Ƙasar da ta koyi wannan da tsada mafi yawa ita ce Japan, mahaifar wasan. Ryo Uchida, masanin ilimin zamantakewa a Jami'ar Nagoya, ya bi bayanan haɗurran makarantu ɗaya bayan ɗaya, ya ƙirga ɗaliban sakandare 118 da suka mutu sanadin judo tsakanin 1983 da 2011, wato kusan huɗu a kowace shekara. Da aka jera bayanan sai siffa guda ta riƙa maimaituwa: yawancin waɗanda suka mutu 'yan shekarar farko ne, sababbin shiga, mafi yawa a atisayen ƙungiyoyin bayan tashi daga aji, kuma raunin kai ne kan gaba, musamman irin zubar jinin da aka bayyana a sama. Kayen da sunansa ya fi fitowa shi ne osoto gari, wanda ake taɗe ƙafar abokin karawa daga waje a tura shi ya faɗi ta baya, inda ƙeya ce ke fuskantar ƙasa kuma mutum ba ya ganin inda zai sauka.

Kafin a tara waɗannan alƙaluma, kowace mutuwa ana ɗaukarta ne a matsayin tsautsayin da ya faɗa wa gida ɗaya. Iyayen da abin ya shafa sun kafa ƙungiyarsu a 2010, a daidai lokacin da gwamnati ke shirin wajabta darasin wasannin faɗa na gargajiyar ƙasar a ƙananan sakandare, wanda ya fara aiki a 2012. Matsin lambar da ya biyo baya ya sa aka tsaurara ƙa'idoji, aka gargaɗi masu horarwa da kada su sa sababbin shiga su karɓi osoto gari a watanninsu na farko, hukumar judo ta ƙasar kuma ta fara tsarin tantance masu horarwa a 2013, alhali a da baƙar ɗamara, wato alamar ƙwarewa a wasan, kan wadatar. Daga 2012 zuwa 2014 ba a samu mutuwa ko ɗaya ba a judo na makarantu. Wasan bai canza ba, kayen da ake yi su ne dai na da. Abin da ya canza shi ne wa ake kayarwa, yaushe, da kuma wa ke kallo. An sake samun mutuwa a 2015, abin da ya nuna cewa irin wannan gyara ba a yin sa sau ɗaya a naɗe hannu.

Faransa tana da masu rajistar judo fiye da rabin miliyan, adadin da ya zarce na Japan, kuma yawancinsu yara ne. Tun 1955 ƙasar ta yi doka kan sana'ar koyar da judo, ta yadda ba a karɓar albashi a kan koyarwa sai da takardar shaidar da hukuma ta amince da ita. Hikimar da ke cikin wannan ita ce rarrabe abubuwa biyu da mutane kan cakuɗa: iya wasa daban, iya koyar da yara daban. Baƙar ɗamara shaida ce ta cewa mutum ya iya kaye da riƙo, amma ba ta cewa komai game da ko ya san bambancin wuyan ɗan shekara bakwai da na ɗan shekara ashirin, ko ya san ma'anar amai bayan an faɗi. Ba na cewa lasisi shi kaɗai zai hana mugunta, domin akwai masu lasisi da suka cuci yara. Amfaninsa shi ne yana nufin an taɓa zaunar da mutum an koya masa waɗannan abubuwa, kuma akwai wata hukuma da za ta iya karɓe takardar idan aka kai ƙorafi. Malamin Taichung ba shi da abin da za a karɓe, kuma babu wanda ya tambaye shi takarda kafin a miƙa masa yara.

Wa ke da ikon cewa a tsaya

Tambayar da ta fi damun jama'ar Taiwan bayan bidiyon ya yaɗu ita ce yadda aka yi babban mutum yana tsaye yana kallo bai shiga tsakani ba. Yana da sauƙi mutum ya zauna daga nesa ya ce da shi ne da ya yi kaza, amma a ganina ɗora laifin a kan kawun kaɗai kauce wa darasin ne. Ɗakin koyon wasan faɗa wuri ne da aka gina a kan biyayya: ana sunkuyawa a gaisa da malami, ana jeruwa bisa launin ɗamara, ba a magana sai an ba da izini. Wannan ladabi yana daga cikin abin da iyaye ke nema idan suka kai 'ya'yansu, kuma yana da amfani na gaske, domin yaran da ke koyon kaye da shaƙa dole su kasance masu tsayawa da zarar an ce su tsaya. Sai dai ladabin da ke kare yara idan malami nagari ne, shi ne kuma ke rufe bakin kowa idan malamin ya kauce. Uba ko kawu da bai taɓa saka rigar judo ba yana kallon abin da bai san iyakarsa ba. Zuciyarsa tana gaya masa abin ya yi yawa, wata zuciyar kuma tana cewa ai malam ya fi shi sani, wataƙila haka ake yi, sai an sha wuya akan sha daɗi. Kafin ya gama wannan muhawara da kansa an yi kaye biyar.

Ga kuma sauran ɗaliban, waɗanda ba a cika tunawa da su ba. Yaran da aka umarta su yi ta kayar da ƙaraminsu ba su da ikon cewa a'a, kuma za su rayu da abin da hannuwansu suka yi bisa umarnin babba. Su ma an cutar da su.

Akan ce icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, kuma da irin wannan magana ake kare horo mai tsanani a ko'ina. Amma mai tanƙwara icce yana sauraren iccen, yana jin lokacin da ya fara ƙara, domin ya san abin da ke biyo bayan wannan ƙarar. Bambancin da ke tsakanin horo da azabtarwa ba a yawan zufa yake ba. Yaro na iya gudu har ya yi haki, ya maimaita motsi ɗaya sau ɗari, ya koma gida jikinsa na tsami, duk wannan horo ne. Idan kuwa aka mai da dabarar wasa kayan hukunci, aka ce za a yi ta kayar da kai har sai ka daina kuka, ko har sai ka yi daidai, to an bar koyarwa an shiga duka, ko da kuwa ba a ɗaga hannu an mari kowa ba. Taiwan ta haramta dukan ɗalibai a makarantu tun 2006, kuma a 2014 ta yi dokar aiwatar da Yarjejeniyar Kare Haƙƙin Yara ta Majalisar Ɗinkin Duniya, wadda sashenta na 19 ya wajabta kare yaro daga kowane irin cin zarafi a hannun duk mai kula da shi. Dokokin suna nan a rubuce ranar 21 ga Afrilu, sai dai kaye a kan katifa bai yi kama da bulala ba, shi ya sa yake iya wucewa a gaban idon mutane da sunan atisaye.

Abin mamaki shi ne judo da kanta tana da alamar tsayawa wadda kowa ya sani. Idan aka shaƙe mutum ko aka murɗe masa hannu, sai ya ɗan bubbuga jikin abokin karawarsa ko katifa sau biyu, nan take a sake shi, kuma babu wanda ke tambayarsa ko da gaske yake. Ana koya wa ɗalibai cewa wanda ya ƙi sakin abokinsa bayan wannan alama ya yi babban laifi. To, idan an yarda da bubbugar hannu ba tare da bincike ba, babu hujjar da za a ƙi yarda da yaron da ya buɗe baki ya ce kansa na ciwo. Wataƙila a cikin yara goma masu faɗin haka, wasu gajiya ce kawai ta kama su. Asarar da za a yi idan aka zaunar da yaro mai lafiya ita ce rabin darasi. Asarar da za a yi idan aka ci gaba da kayar da mai zubar jini a kai ita ce wadda aka gani a Fengyuan.

Saboda haka ajin da ya san abin da yake yi ba ya barin ikon tsayarwa a hannun mutum ɗaya. Yakan gaya wa iyaye tun ranar rajista cewa ƙofa a buɗe take, suna iya zama su kalla, kuma suna da damar janye ɗansu daga katifa a kowane lokaci ba tare da neman izini ba. Yakan kasance da babba na biyu a ɗakin, wanda zai iya cewa ya isa ba tare da tsoron rasa gurbinsa ba. Yakan haɗa yara bisa nauyi da tsayi da daɗewa a wasa, ya rubuta duk bugun kai da aka samu ya sanar da gida a ranar, domin alamun kan iya ɓoyewa sai cikin dare. Ƙungiyar likitocin yara ta Amurka, a rahotonta na 2016 kan wasannin faɗa, ta ba da shawarar a jinkirta karawa ta jiki da jiki har sai yaro ya nuna ƙwarewa a atisayen da babu taɓa juna, ya kuma kai girman jiki da na hankali da ya dace, ta ƙara da cewa hular kariya ba ta hana girgizar ƙwaƙwalwa. Hukumar judo ta Japan ma ta je wani wuri da mutane da yawa ba su zata ba: a 2022 ta soke gasar ƙasa ta ɗaiɗaikun 'yan firamare, tana mai kafa hujja da yadda neman nasara ko ta halin ƙaƙa ya mamaye manya, har ana tilasta wa ƙananan yara rage nauyi, iyaye da masu horarwa kuma suna yi wa alƙalan wasa ihu.

Shari'a

Masu gabatar da ƙara sun gurfanar da malamin tun yaron yana kwance a asibiti, bayan rasuwarsa kuma shari'ar ta koma ta raunatawar da ta kai ga mutuwa. A watan Yunin 2022 kotun gundumar Taichung ta same shi da laifi, ta yanke masa ɗaurin shekara bakwai. An ɗaukaka ƙara, babbar kotu ta mayar da hukuncin shekara tara, kotun ƙoli kuma ta tabbatar da shi a 2023, fiye da shekara biyu bayan ranar da kawun yaron ya ɗaga wayarsa domin ya nuna wa 'yar'uwarsa cewa wasan bai dace da ɗanta ba.